Yayar Frau Obermaier

Munich, 16 ga Agusta, 1987

Yaya Traudel,

Gaisuwa mai yawa da fatan alheri. Ina fata kina lafiya, ke da mijinki Eberhard, da gwiwar nan taki da ba ta shiri da sanyi. Wannan takarda ba ta gidan waya za ta bi ba. Maƙwabciyarki, tsohuwa Frau Greiner, ta zo ganin ɗanta a nan Munich, ta ce za ta cusa ta a rigar mama ta ƙetare iyaka da ita. Don haka yau zan saki baki, ba wani ma'aikacin gwamnati da zai riga ki karantawa.

Ina taya ki murnar cika shekara sittin. Wasu matan kuka suke yi a ranar, ni kuwa na daɗe ina addu'ar ki tsufa, tunda ku a Gabas ba a barin mutum ya leƙo Yamma sai ya yi ritaya. Ki tafi ofishin gwamnati ki nemi izinin tafiya, kada ki tsaya wankin labule. Shekara ashirin da shida rabona da ke. Na bar Sonneberg da 'yar jaka ɗaya, na ce miki Berlin zan je a gwada ni a gidan wasa in dawo. Na kwanta, na tashi, aka ce an ja waya an rufe iyaka, aka kuma ce na samu aikin. Na zauna. Hukumominku kuma tun fim ɗin da na fito a matar da ta gudo daga Gabas, sun hana ni shiga ko na yini ɗaya.

Sai labari na biyu: za su kashe ni.

Zauna, kada ki zubar da kofi. Frau Obermaier za su kashe, masifaffiyar mai masaukin nan da nake fitowa a matsayinta kowace Talata a cikin shirin Masaukin Bakin Gada. Masu shirin sun ce ta gundure mutane. Za ta sauka ɗakin ajiya ɗebo giya, ta zame a matakala, shi ke nan. Wata 'yar shekara talatin mai dogon gashi za ta gaji masaukin.

Kin san ba yau na fara mutuwa ba. Aikina na farko a talabijin gawa ce, na yini kwance a kan daɓe, wani ɗan sandan ƙarya yana taka mini gashi. An shaƙe ni, an harbe ni, an jefa ni kogi a watan Nuwamba. Na yi 'yar aiki har na iya ɗaukar faranti shida a hannu ɗaya. Na ara wa matan Amurka muryata a finafinai fiye da yadda zan iya tunawa, na yi tallan garin sabulu. Amma a lokacin gawa ce ni mai kyau, ana binne ni ranar Litinin a kira ni wani aikin ranar Alhamis. Yanzu shekarata hamsin. Mace mai hamsin in ta mutu a talabijin, ba ta ƙara tashi. Shekara tara matar nan tana ciyar da ni, kuma duk mugun halinta ina sonta.

Za a ɗauki mutuwar a ƙarshen Oktoba. Ki zo kafin nan ki ga inda nake aiki tun ina da shi.

Ki gaida Eberhard, ki ce masa ba cinye masa mata zan yi ba.

Ƙanwarki mai ƙaunarki,
Gerlinde


Sonneberg, 20 ga Satumba, 1987

Linde,

Bayan gaisuwa, muna lafiya, gwiwa ma ta gode da tambaya. Takardarki ta iso da ɗuminta da ƙanshin turaren Frau Greiner. Na zubar da kofin, kuma irin wanda kike aiko mana ne. Ba a rubuta wa mutum “za su kashe ni” a layi ɗaya a bar shi haka. Har yanzu ba ki da hankali.

Izini ya fito. Sun sallame ni daga kamfanin 'yan tsana, sun ba ni furanni da takardar yabo, bayan na shekara arba'in ina sa wa 'yan tsana ido. Zan taho a Oktoba tare da Frau Greiner, wadda za ta sake komawa wurin ɗan nata.

Kin ce matar ta gundure mutane. A can wataƙila. A layinmu ranar Talata da yamma ko kare ba ya fita. Kowane gida ya ja labule, ya juya eriya, kowa yana kallon tashar Yamma da aka hana, wadda wai ba wanda yake kallo. Ranar Laraba ni ke shan wahala. A layin burodi mata suna harara ta kamar ni na hana 'yar aikin masauki hutunta. Makon jiya matar mahauci ta ce da ni, “Frau Luthardt, ki gaya wa ƙanwarki ta ji tsoron Allah.” Sai ta waiga, ta ƙara da cewa, “Ba wai na gani ba ne, ji na yi ana faɗa.”

Eberhard, da yake malamin makaranta ne, ba ya kallo ko kaɗan. Yana juya wa akwatin baya yana duba littattafan yara. Amma in na manta sunan wani baƙon masaukin, shi ke gaya mini ba tare da ya ɗago kai ba.

In kina son gaskiya, ga ta. Ba ke kika gundure su ba, rubutun ne. Shekara tara mace tana zazzaga masifa, ba a samu mutum ɗaya da ya ce mata ta rufe baki ba. A wane gari ake haka? Ke ma kina ƙarama haka kike, amma ai kina da yaya.

Kada ki yi ta kuka a kan aikin tun kafin ya tafi. Da Mama tana raye da ta ce ki dawo ki koyi ɗinki. Ni ban ce ba. Na ga fim ɗinki na matar da ta gudo, sau ɗaya, da muryar akwatin a ƙasa-ƙasa, na kasa cin abinci washegari. Wadda ta iya wannan ba za ta rasa abin yi ba.

Abu ɗaya nake tunani. Ni ina ganinki kowane mako. Na ga lokacin da kika yi ƙiba, na ga lokacin da kika rame, na ga ranar da kika fara rina gashi. Ke hotuna biyu kawai gare ki nawa, duka kuma na yi kyau a ciki fiye da gaskiya. Zan sa jar hula don kada ki rungumi wata.

Zan zo da dankalinmu in yi miki curin dankali irin na gida. Na san na can ba ya yin curi.

Yayarki,
Traudel


Munich, 24 ga Oktoba, 1987

Maigida Eberhard,

Ina gaisuwa, da fatan kana cin abinci mai zafi ba burodi da man shanu kullum ba. Frau Greiner za ta riga ni dawowa, ita za ta miƙa maka wannan. Ka karanta, ka sa a murhu.

Na iso lafiya. A tasha Linde ta wuce ni har sau biyu, da jar hular da komai, tana leƙen fuskar wasu mata masu tsayi. Sai da na ce, “Linde, miƙe bayanki, kina tafiya kamar agwagwa.” Ta tsaya cak. Abin da ya biyo baya ba sai na rubuta ba. Muna cikin kuka wani mutum ya taɓa kafaɗarta yana so ta sa masa hannu a kan tikitinsa, ta sa masa tana jan hanci.

Gidanta bai kai namu girma ba. Ɗaki biyu ne a hawa na uku, da kyanwa mai ido ɗaya. A firij ba komai sai man shafawa da rabin lemo. Na yi mata curin dankali ta ci biyar. A kasuwa wata mai sayar da ƙwai ta ce mata, “Ke muguwar mata, Allah zai saka wa yarinyar nan.” Linde ta yi godiya, ta yini tana murna.

Jiya ta kai ni wurin aikinsu. Eberhard, masaukin nan katako ne kawai aka jingina, ba rufi, ba baya. Dutsen da muke gani ta taga zane ne a jikin ƙyalle. Giyar ruwan tuffa ce. Na ji kamar an cuce ni.

Akwai mutanen da ake zaunarwa a tebura don wurin ya cika, ba sa magana. Wata tsohuwa a cikinsu ba ta zo ba, sai daraktan, wani saurayi mai gemu da ake kira Herr Kaltenegger, ya dube ni ya ce, “Baba, za ki iya zama ki ci abinci?” Na ce shekara sittin ina yi. Na gaya masa daga Gabas nake, bai kamata a gan ni ba. Ya ce bayana kawai zai fito. Aka ajiye mini curin dankali irin na kanti da ake sayarwa a kwali, mai tauri kamar ƙwallo.

Wasan shi ne 'yar aikin masauki ta fasa tulu, Frau Obermaier ta ci mutuncinta a gaban baƙi ta kore ta. Yarinyar da ke yin 'yar aikin sabuwa ce, tana ta rikicewa, ana ta maimaitawa. Can na lura kukan da take yi ya daina zama na wasa. Linde kuwa ta tsaya a kanta tana nuna ta da yatsa, da muryar nan da ka sani.

Ban san lokacin da na miƙe ba. Na ce, “Ke yarinya, ya isa haka. Tulu ne fa. Ke nawa kika fasa a gidanmu, wa ya kore ki? Ɗauki tsintsiya ki taya ta.”

Linde ta juyo baki buɗe, fuskarta ta yi ja har wuya. Sai ta sunkuyar da kai, ta ce da ƙaramar murya, da harshenmu na Sonneberg da na ɗauka ta manta, “To, Yaya.” Ta ɗauki tsintsiya ta durƙusa kusa da yarinyar.

Ba wanda ya ce a tsaya. Suka share fasasshen tulun tas su biyu. Daga nan mai riƙe da kyamara ya fara dariya har ya zauna a ƙasa, kowa ya ɗauka. Ni kunya ta kama ni, na koma na zauna na cinye curin nan don in samu abin yi.

Kada hankalinka ya tashi. Herr Kaltenegger ya ɗora hannu a ƙirji ya ce zai yanke wurin. Sun sake ɗauka yadda aka rubuta, ina waje ina shan iska. Ranar Alhamis za a ɗauki faɗuwar Linde a matakala. Ta ce in zo in kalla, na ce ba zan iya ba, ko da wasa ne.

Na sayo maka taswirar duwatsun Alps da safa. Ka shayar da furannin taga.

Matarka,
Traudel


Sonneberg, 14 ga Fabrairu, 1988

Zuwa ga Frau Gerlinde Amthor, ƙanwar matata,

Bayan gaisuwa da girmamawa, ina fata wannan takarda ta same ki cikin ƙoshin lafiya. Kin san ban saba rubuto miki ba. Yayarki ta ce ba za ta ɗauki alƙalami ba sai ta huce, kuma ban ga alamar hakan a kusa ba.

Ranar Talatar da ta wuce ina zaune ina duba aikin 'yan aji bakwai a kan kogunan Afirka, bayana yana fuskantar akwatin talabijin kamar kullum. Traudel ta shiga kicin ɗauko shayi. Sai na ji muryarta a bayana tana cewa, “Ke yarinya, ya isa haka,” a daidai lokacin da nake jin ta a kicin tana neman cokali. Na juya. Wannan ne karo na farko da na juya cikin shekara tara. Ba bayanta aka nuna ba. Fuskarta ce ta cika akwatin.

Da kika ce “To, Yaya,” ihu ya tashi a layinmu daga wannan ƙarshe zuwa wancan, irin na ranar da aka ci ƙwallo. Wani ya buɗe taga ya yi tafi, sannan ya tuna, ya rufe.

Washegari shugaban makarantarmu ya kira ni ofis. Ya tambaye ni ko kowa lafiya a gida. Na ce lafiya. Ya kalli taga, ya ce in tafi. Jiya kuma takarda ta zo daga ofishin da ke ba da izinin tafiya, ana neman Traudel ranar uku ga Maris.

Ina so ki fahimci matsayinmu. Za su iya karɓe izininta, ba za ki ƙara ganinta ba sai abin da Allah ya yi. Ni kuma saura mini shekara biyar in yi ritaya. Na shekara talatin da ɗaya ina koya wa yara ƙasashen da ban taɓa takawa ba, ina son aikin, ba na so in ƙare a gadin ma'ajiyar gawayi. Ban rubuto don in ɗora miki laifi ba. Na san matata, na san ba a sa ta magana, ba a kuma hana ta. Amma an yi mata alkawari, ina so in san yadda aka yi.

A layin burodi an ba ta wuri ta wuce gaba. Matar mahauci ta ajiye mata hanta ba tare da ta tambaya ba. Ba wanda ya ce mata komai.

Tunda na riga na juya, bari in faɗa: kin yi wasan da kyau. Sai dai ba haka ake riƙe tsintsiya ba.

Ki huta lafiya.

Naki cikin girmamawa,
Eberhard Luthardt


Munich, 22 ga Fabrairu, 1988

Yaya Traudel da Eberhard,

Ina gaishe ku da kyau, kaina a ƙasa. Ɗan Frau Greiner ya kawo mini takardar Eberhard wurin aiki, na karanta a ɗakin kwalliya, mai kwalliyar ta sake yi mini fuska daga farko.

Wallahi ban sani ba. A gidana na gani tare da kowa, da kyanwa a cinya. Da safe na shiga ofishin Kaltenegger na yi masa abin da Frau Obermaier ba ta taɓa yi wa kowa ba. Ya tsaya yana murza gemu, ya ce ya yi niyyar yankewa, amma ya kalli wurin sau goma ya kasa. Ya ce ai bai sa sunanki ba. Na ce masa a Sonneberg ba a bukatar suna. Yaron nan a Munich aka haife shi, yana ganin iyaka wani abu ne da ake nunawa a labarai. Da na gaya masa abin da zai iya faruwa da Eberhard, ya zauna ya yi fari fat.

Yanzu ga ɗaya ɓangaren, kuma ina jin kunyar murnar da nake yi. Wasiƙun masu kallo a buhu ake kawo su. Kowa tambayarsa ɗaya: wace ce tsohuwar nan, kuma yaushe za ta dawo? Wani mai sharhi a jarida, wanda ya taɓa cewa fuskata ta fi dacewa da rediyo, ya rubuta cewa bai taɓa ganin mace ta koma 'yar shekara shida a gaban idonsa ba sai ranar. Shekara talatin ina koyon sana'ar nan, yabon da ya fi kowanne a rayuwata na kalma biyu ne da ban shirya ba.

Frau Obermaier ba za ta mutu ba. Faɗuwar tana nan tunda an riga an ɗauka, amma ƙafa kawai za ta karye. Sun ƙara mini shekara biyu. Wani gidan wasa a Hamburg ma ya bugo waya, suna so in yi musu wata uwa a kan dandamali a lokacin kaka. Rabon da a kira ni dandamali tun ina da ƙugu.

Saura magana mai nauyi. In mai masauki ta karye, dole wani ya zo jinya, kuma sun rubuta cewa yayarta ce za ta zo. Ke suke so, Yaya, har kashi goma na shirin. In suka bar ki kika sake fitowa, ki zauna kawai. Tsofaffi da yawa suna yin haka, ba mai bin su. Ɗakin nan na biyu naki ne. Eberhard ya biyo ki in ya yi ritaya, mu kai shi ya ga duwatsun da yake zana wa yara a allo.

Na san abin da nake roƙo. Eberhard, ka yafe mini, amma ba zan ɓoye ba. Tun da ta tafi na kasa saba wa shirun gidan nan, alhali da can ban ma san shiru ne ba.

Zan kasa zaune in kasa tsaye har in ji yadda uku ga Maris ta ƙare.

Taku,
Gerlinde


Sonneberg, 9 ga Maris, 1988

Linde,

Bayan gaisuwa, na huce. Ki daina kuka kina ɓata wa mutane kwalliya.

Na je ofishin. Na sa baƙar rigata ta zuwa jana'iza. Wanda ya kira ni Herr Vogt ne, ba za ki tuna shi ba, uwarsa ce ke ɗinka wa 'yan tsana gashi a teburin da ke kusa da nawa. Na san shi tun yana yawo da majina. Yanzu ya yi tumbi, yana da sakatariya mai buga keken rubutu.

Ya ce, “Frau Luthardt, labari ya iso mana cewa kin fito a wata tasha da ba tamu ba.”

Na ce, “Wa ya gan ni?”

Ya ce, “An gan ki.”

Na ce, “To a kira wanda ya gani, ya zo gabana ya faɗi tashar da ya kunna.”

Keken rubutu ya tsaya. Herr Vogt ya juya takardar gabansa, ya sake juyo ta. Ya ce ba wannan ne muhimmi ba, muhimmi shi ne abin da na je na faɗa a can. Na ce, “Wata mai dukiya na tarar tana wulaƙanta 'yar aikinta a kan tulu, na ce ta bari, na sa ta shara. In laifi ne, a gaya wa mijina, don abin da aka ce ya koya wa yara ke nan.”

Ya ajiye takardar. Sannan ya ce da sakatariyar, “Rubuta. 'Yar ƙasa ta kare haƙƙin ma'aikaciya a gaban mai jari.” Yarinyar ta rubuta tana cije leɓe. Ya ce kada in ƙara, na ce ko an roƙe ni. Na tambayi maganar Eberhard, ya ce shi bai san Herr Luthardt da kallon komai ba sai littattafan yara.

Ya rako ni har bakin ƙofa, abin da ba a yi wa kowa. Ya leƙa waje, ya rage murya ya ce, “Matata ce ke tambaya. Ana ta cewa wai mai masaukin nan za ta mutu. Gaskiya ne?”

Na sani sarai, takardarki tana aljihuna. Na ce, “Herr Vogt, wannan sai na koma zan iya sani.” Ya koma teburinsa ya buga hatimi. Izinin mako uku, a watan Mayu.

Yanzu amsar tambayarki. A'a.

Ni ba 'yar wasa ba ce. Abin da na yi ranar, na yi shi ne don na manta da kyamara, kuma mutum ba ya mantawa sau goma. Ke ce kika iya. Ni magana na yi kawai, ke kika san a cikin ƙiftawar ido cewa ki bar matar nan ta sunkuyar da kai. Kada ki bari su gaya miki sa'a ce. Su nemo mai sana'a ta yi yayar, in na zo zan zauna da ita in koya mata yadda ake harara. Ki ce kada su ɗauko mai ƙiba.

Maganar zama kuma, bari in gaya miki abin da na tarar. Ranar da takardarki ta zo, Eberhard ya karanta, ya ninke ta ya miƙo mini. Da yamma na dawo daga wurin Frau Greiner na same shi ya sauko da babban akwatin tafiya daga saman kabad, ya goge shi, yana sa wa makullin mai. Na ce me ke nan? Ya ce, “Ƙaramin ba zai ɗauki kayan sanyi ba.” Bai ɗago ba. Mutumin nan shirya ni yake in tafi in bar shi shekara biyar, don yana ganin abin da nake so ke nan. Na ce ya mayar da akwatin kafin in fasa masa shi a ka. Ya mayar. Daren nan ya ci abinci har da ƙari.

Ke ƙanwata ce, zan zo duk lokacin da suka bar ni, in cika miki firij in yi miki faɗa. Amma a nan gidana yake. Shirun naki kuma, mai riƙe da kyamarar nan da ya yi dariya har ƙasa, na ga yadda yake kawo miki kofi ba ki aike shi ba. Ki buɗe ido.

Ki gaida kyanwa.

Yayarki,
Traudel


Sonneberg, 2 ga Mayu, 1988

Gerlinde,

Bayan gaisuwa, ina taya ki murnar karyewar ƙafa. An ce mini kin faɗi da kyau.

Yayarki za ta iso ranar Asabar a jirgin ƙasa na rana, da ƙaramin akwati. Ta ce mako uku za ta yi. Na yarda da ita. Ke ce ban gama yarda da ke ba.

Ki kai ta ta ga duwatsun, ta dawo ta gaya mini ko daidai nake zana su. Sannan ki sa ta a jirgi ranar da aka ce. Ke mutum miliyan nawa ke jiran ki kowace Talata. Ni mutum ɗaya nake jira.

Ki huta lafiya.

Mijin yayarki,
Eberhard